Mai Askin Gidan Hutu

Baffana, ƙanen mahaifina, mai aski ne, kuma a hannunsa na girma. A layinmu ba wanda ke kiransa da ainihin sunansa. Ƙarami ake ce masa, domin shagon nasu ne su biyu, shi da yayansa, wato mahaifina, wanda ake kira Bahago saboda da hagu yake riƙe almakashi. Har Baffa ya yi furfura, har gwiwoyinsa suka fara ƙara idan zai miƙe, yana nan a Ƙaraminsa. Idan wani ya ce ya kamata a sauya masa suna, sai ya ce, "Ai babban yana nan, bai ce ya sauka ba."

Shagon yana ƙarƙashin wani bene, tsakanin mai gyaran takalma da mai sayar da ƙwan fitila. Kujeru biyu ne a ciki, da dogon madubi guda mai tsaga a kusurwa, da benci na masu jira, da wata fatar wasa aska da ta yi baƙi don tsufa, rataye a ƙusa. Kujerar mahaifina ce ta wajen ƙofa, don kada gwiwar hannunsa ta riƙa karo da ta Baffa.

Wanda bai taɓa zama a garinmu ba sai an yi masa bayanin Lumshi. Rana biyu gare mu a sama. Akwai babbar, wadda kowa ya sani, akwai kuma wata ƙarama, toka-toka, ba haske ba zafi, muna ce mata Makauniya. Sau biyu ko uku a wata takan gitta ta gaban babbar, sai wani abu ya zubo wa gari, shi ne Lumshi. Ba iska ba ce, ba ruwa ba ne, ba a kuma ganinsa. Ƙarfe ne ke fara sanarwa: cokula su yi ta wani siririn kuka a cikin kwano, makullai su yi rawa a aljihu. Sai ka ji ɗanɗanon tsatsa a harshe, ka ga inuwarka ta rabu biyu, daga nan barci ya kwashe ka. Ba ya barin kowa, mutum da kare da ƙuda. Yakan ɗauki rabin awa, wani lokaci bai kai ba, kuma ba a mafarki a cikinsa.

Ba a zagin Lumshi da ƙarfi a garinmu, domin da shi muke rayuwa. Dogayen turakun ƙarfe da ke kan rufin gidaje suna shan sa, su tara shi a manyan tulunan gilashi, da shi ake kunna fitila, da shi tarago ke zagaya gari, da shi famfo ke kawo ruwa. Masu duban sama suna busa jiniya kafin ya iso, ka sami kamar ƙirgen ɗari biyu. Mai girki ta kashe wuta, direba ya taka birki, uwa ta kwantar da jariri a ƙasa, mai aski ya ninke askarsa. Kusan kowa yakan farka, ya kaɗe riga, ya ci gaba da abin da yake yi. Amma jifa-jifa akan sami wanda bai farka ba. Yana numfashi, zuciyarsa na bugawa a hankali, ba ya ramewa, ba ya tsufa. Gashi da farce kaɗai ke ci gaba da tsiro. Irin waɗannan ake kaiwa Gidan Hutu, wani dogon gini a bayan tashar tarago, a jera su a gadaje, a riƙa ɗura musu abinci mai ruwa-ruwa ta roba.

Ina da shekara huɗu lokacin da abin ya faɗa wa gidanmu, don haka daga bakin Baffa na ji yadda aka yi. Ranar Talata ce da azahar, ba kowa a benci, sai suka ce bari su yi wa juna aski kamar yadda suka saba. Mahaifina ya hau kujera, Baffa ya shafa masa kumfar sabulu. Yana ta tsokanar Baffa a kan yarinyar da yake nema, yana cewa ita ma makauniya ce kamar ta sama, in ba haka ba me ta gani. Baffa ya gama kunci ɗaya ke nan jiniya ta tashi. Ya ninke aska ya ajiye, ya zauna a ƙasa ya jingina da bango. Mahaifina ya kwantar da kujera baya, ya lumshe ido tun kafin barcin ya zo, ya ce, "In mun tashi ka ƙarasa mini. Kada ka bar ni da rabin fuska, Ummansu ta ce ba ta san ni ba."

Baffa ya farka, ya yi miƙa, ya ɗauki aska. Kumfar ta bushe a fuskar yayansa. Ya ce, "Yaya, tashi mu ƙarasa." Shiru. Ya ɗauka wasa ne, domin mahaifina ya sha yi masa haka, har ya ja masa kunne yana dariya. Sai da mai gyaran takalma ya leƙo, ya dubi kujerar, ya cire hularsa ya riƙe a hannu, sannan dariyar ta mutu a bakin Baffa.

Bayan mako guda ya ɗauki jakar kayan aikinsa ya tafi Gidan Hutu. Babbar nas ɗin wurin, wadda kowa ke kira Sista, ta tare shi a ƙofa ta ce ba a shiga da abu mai kaifi. Ya ce mata, "Aiki na bari rabi, ranki ya daɗe. Ki tsaya a kaina in kina so." Ta tsaya a kansa har ya gama. Sannan ya ɗago ya dubi sauran gadajen. Mutum talatin da wani abu ne a lokacin. Wani gemunsa ya sauko har ciki, wani gashinsa ya cukurkuɗe ya zama kamar tsumma, wasu kuma an datse musu da almakashin yanka bandeji, nan tudu nan kwari. Ba mugunta ba ce, ma'aikatan ne ba su da yawa. Baffa ya ce wa Sista, "Wannan na kusa da taga, in ba damuwa, bari in ɗan taɓa shi." Bai fito ba sai la'asar. Tun daga ranar, duk Talata shagon a rufe yake.

Askin mai barci ba irin na mai ido biyu ba ne. Kan yana da nauyi, ba ya taimakonka, sai ka tallafe shi a tafin hannu ɗaya ka yi aiki da ɗayan. Baffa yakan tura matashi a ƙarƙashin kafaɗa, ya ɗaura tawul, ya gaishe da mutum kamar a shago: "Barka da hutawa, Direba. Yaya za a yi yau, kamar na kullum?" Ya ba su labarin gari, wa ya yi aure, wane layi aka sake wa kwalta, wace ƙungiya aka lallasa a ƙwallo. In ya gama sai ya ɗauko ɗan madubi ya haska musu ƙeya, ya ɗan jira, sannan ya ce, "Madalla." Ƙananan nas-nas sukan ɓuya a bayan labule suna dariya. Daga baya su ma suka koma gaishe su.

Yarinyar nan da aka tsokane shi a kanta ya aura, ita ce Innata. Mace ce mai baki, ba ta ajiye magana. Takan ce, "Ni dai na auri mai askin da ya fi kowa sa'a a duniya. Masu zuwa wurinsa ba wanda ya taɓa cewa an ɓata masa kai." Ummata kuwa ta jira shekara takwas. Baffa ne da kansa ya zaunar da ita ya ce, "Yaya ba zai so ki tsufa a bakin gado ba. Ni na san shi." Ta yi kuka har ta gaji, daga baya ta yi aure a wani gari mai rana ɗaya. Ni na zauna saboda makaranta, zaman da ya zama na dindindin.

A shekara ta goma sha biyu da kwanciyar mahaifina ne Baffa ya fara dawowa gida shiru. Da ma in ya dawo ranar Talata yakan cika gida da surutu, sai ya koma zama a bakin ƙofa yana juya wani kwalin ashana a hannu. Inna ta ƙyale shi mako biyu, a na uku ta fizge kwalin ta buɗe. Yashi ne a ciki, mai laushi, shuɗi kamar an rina shi, da wasu 'yan ƙwayoyin ciyawa masu ƙugiya.

Ta ce, "Wannan fa?"

Ya ce, "A kansu nake tajewa."

"A kan su wa?"

"Masu barci. Mutanen da ko tsakar gida ba a fitar da su."

Ya ce ba wannan kaɗai ba. Akwai wani tsoho mai gyaran agogo a gado na tara, ƙeyarsa ta ƙone da rana har tana saɓa, alhali gadonsa yana lungun da haske ba ya kaiwa. Wata Talata ya tarar da gashinsu duka a jiƙe, da sanyi ƙalau, matasan kansu kuma a bushe. Wata rana ƙaurin hayaƙi yake ji a jikin gashin, hayaƙin wani icen da bai sani ba. Ya ce, "Inna, mutanen nan tafiya suke yi. Ban san ina ba, amma suna wani wuri, kuma akwai rana a can."

Ya kai wa likitan gidan kwalin. Likita bai yi masa dariya ba. Ya duba yashin a madubin da ke ƙara girman abu, ya daɗe bai ɗago ba, sannan ya aika da shi babbar makaranta. Aka turo mutane da na'urori, suka liƙa wa masu barci wayoyi a ka, suka yi wata guda suna rubuce-rubuce, suka tafi. Ba mu sake jin komai ba. Inna kuwa, da ba ta iya ganin iri ta ƙyale, ta shuka ƙwaya ɗaya a gwangwanin madara ta ajiye a taga. Ba ta taɓa tsiro a gaban ido ba. Sai an farka daga Lumshi a ga ta ƙara tsawo, fara sol, ganyenta kamar na takarda. Ranar da kyanwarmu ta kwanta a gindinta ta yi kwana biyu ba ta motsa ba, Inna ta ɗauki gwangwanin da tsumma ta jefa a murhu.

Ina da shekara ashirin da uku, ina aiki a wani shagon wanki da guga, sai ga Baffa da tsakar rana, tawul a kafaɗa, ko jakarsa bai ɗauko ba. Ban taɓa ganin fuskarsa haka ba. Ya ce, "Ajiye dutsen nan ki zo." Muka hau tarago zuwa Gidan Hutu. Da muka shiga ɗakin masu barci ya wuce gadon mahaifina, ya tsaya a na wani direban tarago, ya ɗaga kansa a hankali ya juya mini ƙeyar.

"Me kika gani?"

Na ce, "Aski, Baffa. Ya yi kyau."

"Ba ni na yi ba. Yau kwana bakwai rabona da shi, ya kamata a ce ya yi tsiro. Dubi layin nan."

Layin ƙeyar ya ɗan karkata zuwa dama, a bayan kunne kuma an lanƙwasa shi kamar ƙaramar ƙugiya. Baffa ya ce shekara goma suka yi suna musu a kan wannan karkatar. Shi yana cewa kuskure ne, mahaifina yana cewa ado ne, wanda bai iya ba ne ke kiransa kuskure. Ya ce, "Duk garin nan mutum ɗaya ne ke fitar da ƙeya haka. Hannun Yaya ne."

Sista, wadda ta tsufa a wurin, ta rantse ba wanda ya shigo da almakashi, kuma ba a share ko silin gashi a ƙasa ba. Baffa bai yi musu da ita ba. Ya kama hannuna ya kai ni gadon mahaifina, ya buɗe tafin hannunsa na hagu. A gindin babban yatsa akwai jan zobe, sabo, irin shaidar da kunnen almakashi ke bari idan an wuni ana aiki. Na dubi fuskar nan da na sani tun ina yarinya, ba abin da ya motsa a cikinta.

Ranar Baffa ya yi wani abu da bai taɓa yi ba. Ya aske wa mutumin gado na huɗu gefe ɗaya, ya bar ɗayan, ya roƙi Sista kada kowa ya taɓa. Mako ya yi masa tsawo, har ya yanki wani a shago, abin da bai saba ba. Da Talata ta zagayo na bi shi. An ƙarasa gefen da ya bari. Ba ma wannan ba, gefen da shi Baffa ya yi an bi shi an rage saje, an daidaita shi da ɗayan. Baffa ya zauna a bakin gadon ya fashe da dariya, hawaye na zuba a gemunsa. Ya ce, "Kin gani ko? Har a can bai daina gyara mini aiki ba."

Daga nan suka raba aikin. Jeren gadajen da ke wajen ƙofa na mahaifina ne, na ciki na Baffa. Wani lokaci Baffa yakan karkata layin ƙeya da gangan don tsokana, mako mai zuwa ya tarar an miƙe wa wani layi sak irin nasa. Kan mahaifina kaɗai ba a taɓa taɓawa daga can ba, kullum da tsironsa, sai Baffa ya zo. Waɗannan shekarun su ne mafi daɗi a rayuwarsa. Ya yi ƙiba, ya koma surutu, Inna ta ce da ta san haka ne da tuni ta aika wa yayan nasa gaisuwa.

Ni ce na ɓata masa wata rana da tambaya. Na ce, "Baffa, wurin nan da suke, mai daɗi ne?"

Ya wasa aska a fata. Ya ce, "Gashi ba ya faɗin komai da komai. Wani lokaci nakan ji ƙamshi kamar na fure. Amma akwai matar nan ta gado na ashirin, wadda nake datse wa baki-bakin gashi. Cikin mako guda kanta ya yi fari fat, fuskarta kuwa ta 'yar shekara ashirin. Ban san me ta gani ba. Ba na so in sani."

Tsohon nan mai gyaran agogo shi ne na farko. Wata Talata Baffa ya tarar an aske masa kai ƙwal, an bi shi da aska a tsanake, ba ko ƙwarzane, har an shafa masa wani mai. Baffa ya yi mamaki, domin tsohon mai son sumarsa ne, 'ya'yansa sun faɗa. Mako ya wuce ba tsiro, na biyu ma haka. A na uku zuciyarsa ta tsaya da hantsi, nas tana tsaye a kansa. Bayan shekara biyu aka sake yin haka da direban tarago: askin ƙwal da hannun hagu, sannan mako uku. Baffa ya gane cewa a can mutumin ya riga ya tafi, yayansa ya yi masa askin ƙarshe, jikin da ke nan ne bai sami labari da wuri ba.

Wannan sanin ya yi masa nauyi. Yakan shiga ɗakin ya tsaya a ƙofa, ya bi kawunan da ido ɗaya bayan ɗaya kafin ya ajiye jaka. In ya ga abin da yake tsoro, ba ya gaya wa dangi, sai dai ya je ofishin Sista ya ce, "Gado na sha bakwai." Ita kuma ta aika wa iyalin cewa ya kamata su riƙa zuwa a 'yan kwanakin nan, ba tare da ta faɗi dalili ba. Akwai wata mata da ta tare shi a baranda, mijinta na kwance shekara tara, ta ce, "Mai aski, an ce kai kana gane abubuwa. Zai tashi?" Baffa ya san an aske mijin tun kwana goma. Ya ce, "Ki kawo yaran su gan shi, Hajiya. Askin ya yi masa kyau." Da ya dawo gida bai ci abinci ba.

Shekaru suka yi ta wucewa ta kanmu, suna tsallake mahaifina. Na kai shekarunsa, na wuce. Na yi aure, na haifi uku, babban ɗana ya fara gemu. Baƙi in suka ga Baffa yana taje masa kai sukan ce, "Allah ya tashe shi, Baba. Ɗanka ne?" Sai ya ce, "Yayana ne. Shi ya koya mini riƙe almakashi." Su yi tsuru-tsuru su wuce.

Yana da shekara sittin da biyar hannunsa ya fara rawa. Da farko yakan dafe shi da ɗayan, yana cewa sanyi ne. Wata Talata ya tsaga wa wani kunne, jini ya ɓata matashi. Tsohuwar Sista ta riga ta yi ritaya, sabuwar kuma yarinya ce mai kirki, ta kira shi gefe ta ce, "Baba, ka riƙa zuwa kana gaishe su, amma askar nan a bar ta haka." Bai yi gardama ba. Ya ninke ta ya sa a jaka, ya je gadon mahaifina ya ce, "Yaya, sai ka riƙe duka biyun. Ni hannu ya ƙi."

Bayan wannan ne ya fara hawa rufi. An san cewa kusa da turakun ƙarfe Lumshi ya fi ƙarfi, kuma yawancin waɗanda ba su farka ba a sarari ya same su ko a sama. Da jiniya ta tashi, maimakon ya zauna a ɗaki, sai ya lallaɓa ya hau matakala da jakar kayan aikinsa, ya kwanta a gindin turken ya rungume ta. Sau huɗu yana yi kafin Inna ta gane, domin ita ma barci take a lokacin. Ranar da ta farka ta ga ba ya nan, ta hau ta same shi yana kaɗe riga, duk benen sai da ya ji muryarta.

"Wato ni ce za a bari da wankin gado da ɗura abinci ta roba? Shekara arba'in ina jiran Talata ta wuce, yanzu kuma gaba ɗaya za ka tafi?"

Ya ce, "Aikin ya yi masa yawa, Inna. Su kusan sittin ne yanzu. A can wataƙila hannun ba zai yi rawa ba."

"To in ka je ka tarar ba shago ba ne? In abin da ya mai da kan matar nan fari ne ke jiranka?"

Ta zauna a kan bulo ta yi kuka, shi ma ya zauna. Daga baya ta sa aka yi wa ƙofar rufin kwaɗo, ta rataya makullin a wuya. Amma na san ya ƙara hawa sau biyu ta benen maƙwabta, kuma duk ya farka. Ya ce mini, "Ko barcin ma bai ga damar ɗaukata ba." Na tambaye shi ko ya ga wani abu. Ya ce a'a, duhu ne kamar kullum. Sai dai a hawan ƙarshe, dab da zai farka, ya ji ƙarar almakashi can nesa, ƙyas-ƙyas-ƙyas, uku-uku, sannan a ɗan tsaya. Ya ce ya yi ƙoƙarin yin kira, sai ya ji tarago na wucewa a ƙasa, ya buɗe ido.

Ciwon ƙirji ne ya kwantar da shi, yana da sittin da takwas. Kwana tara ya yi. Ranar ƙarshe da safe, rana ta shigo ta taga har kan bargonsa, ana jin mai gyaran takalma na yanzu, jikan na da, yana buga guduma a ƙasa. Inna ta fita ɗora ruwa. Baffa ya yafuto ni da hannun nan mai rawa, na sunkuya.

Ya ce, "In kin je, kada ki gaya masa."

Na ce, "Baffa, ai ya kamata ya sani."

"A'a. Yana tsakiyar aiki, kuma ban san hanyar da suke bi ba. In hankalinsa ya rabu zai iya faɗuwa. Ki ce ina gaishe shi. Ki ce ƙafa ce."

Na yi masa alkawari. Kafin ruwan Inna ya tafasa ya cika, idonsa biyu, yana kallon silin.

An sayar da kujerun biyu, shagon ya zama wurin gyaran rediyo. Gidan Hutu ya ɗauki wani mai aski da ke zuwa da inji sau ɗaya a wata, mutumin kirki ne, sai dai ba ya magana da su. Inna tana wurina yanzu, ta rage faɗa, ba ta kuma son a ambaci Talata.

Ni nake zuwa. Nakan tashi daga aiki da wuri in hau tarago, in sauka a tasha ta ƙarshe. Nakan ja kujera kusa da gadon, in yanke masa farce, in gaya masa yaran suna lafiya, babban ya sami aiki a wurin masu tulunan gilashi. Yana kwance da fuskarsa ta ɗan shekara talatin da ɗaya, ni kuwa da tabarau da ciwon baya. Sai in sunkuya daidai kunnensa in ce, "Baffa yana gaishe ka. Ƙafa ce ta hana shi zuwa." Shekara shida ke nan ina faɗin haka. Makon jiya wata sabuwar nas da ke canza zanen gadon kusa ta ji ni, ta ce Allah ya ba shi lafiya, ko an gwada masa man zafi? Na ce mata an gwada.